Mai Ɗinkin Kafaɗa

Ina da wani ɗan hali da gara in faɗe shi da bakina kafin wani ya riga ni: ba na jiran mutum ya kai ƙarshen maganarsa. Da na ji rabi sai in ƙarasa masa sauran a raina, in miƙe in kama aiki. Shekara ashirin da bakwai matata Saudatu na fama da ni a kan wannan. Ta taɓa cewa, "Malam, in ka bi ta Rye Lane ka sayo kuɓewa," kafin ta rufe baki ina bakin lif. Na dawo da ɗanya cike da leda. Ashe busasshiya take so. Ɗanyar tana nan jibge a firij, wadda na sayo wancan makon da irin wannan saurin.

Ni direban bas ne a kudancin London. Na yi digiri na biyu a Zariya kan tsara birane, ga ni yau ina zagaya birnin da aka tsara ba a nemi shawarata ba. Aikin ya karɓe ni, tunda fasinja ba ya buƙatar a saurare shi, ƙararrawa kawai yake dannawa.

Saudatu kuwa tela ce. Da wuya a sami amarya cikin 'yan Arewan Lewisham da Peckham a shekaru ashirin ɗin nan da ba ta sa ɗinkinta ba. Kekenta na falo, jikin taga, inda hasken garin nan mai rowa yake ɗan leƙowa. A kan keken ciwon ya same ta, wata Talata cikin Fabrairu, ɓarin jikinta na dama ya shanye. Mako bakwai ta yi a asibiti. Da aka sallamo ta tana jan ƙafa, hannun dama yana kwance a cinyarta kamar ajiyar wani, magana kuma ɗaya-ɗaya take fitowa. Ranar da ta dawo ta nuna keken da haɓa ta ce, "Rufe." Na rufe shi da tsohon zane. Ta sa aka juya mata kujera ta ba shi baya.

A saman wardrop akwai leshi ruwan zuma wanda yayarta ta aiko daga Kantin Kwari tun bara. Na bikin Asma'u ne, 'yarmu tilo, da aka sa ranar aurenta da Nabil ƙarshen Yuli. Tun yarinyar na firamare Saudatu ke cewa duk amaren da take wa ɗinki gwaji ne, na gasken yana tafe. To ga na gasken ya iso, ga hannu a kwance. Asma'u a nan aka haife ta, tana jin Hausa sarai amma da Turanci take mayarwa. Ta durƙusa gaban uwar ta ce, "Mum, it's fine, I'll just buy one." Wai kada ta damu, za ta sayi ta kanti. Da kyakkyawar niyya ta faɗa. Saudatu ta juya fuska bango, ranar ko shayi ba ta sha ba.

Mai koyar da motsa jiki ta kawo ƙwallon roba na matsawa, ƙwallon ya ƙare a ƙarƙashin kujera. Likita ya ja ni gefe ya ce hannun zai iya dawowa, ko ba duka ba, amma sai mai shi ta yarda ta sa shi aiki, kuma a watannin farkon nan ake samun abin da za a samu. Wannan maganar kam na ji ta har ƙarshe. A ƙofa ya tsaya, babu ta inda zan fita.

Council, wato hukumar unguwarmu, ce ta turo mana Ofelia, tana zuwa da safe ta taimaka wa Saudatu da wanka da sa kaya. Gajeriya ce kakkaura, sa'ar Saudatu, gashinta ya fara furfura ta ɗaure shi tamau a ƙeya. 'Yar Mexico ce, 'yarta da ke aikin nas a nan ita ta jawo ta. Turancinta guntu-guntu ne, na Saudatu kuma ciwo ya gutsuttsura shi, sai suka zo daidai. Abu ɗaya ne ya tsaya mini a rai. In aka ba ta kunu da ƙosai a tsaye take ci, bayanta jikin bango, idonta a agogo, kafin ka gama bismilla ta wanke kofi. Na ja mata kujera ya fi sau goma. Na yanke hukunci a raina cewa ƙyamar kujerunmu take yi. Ban tambaye ta ba, tunda na riga na san amsa.

Wata Alhamis cikin Mayu ina gida, aikin rana gare ni. Ofelia na goge taga sai zanen ya zame daga kan keken. Maimakon ta mayar sai ta tsaya, ta ɗora tafin hannu a kansa yadda ake taɓa goshin yaro a ji ko da zazzaɓi. Ta juya shi a hankali da hannu, ta kasa kunne, ta ce yana son mai.

"Kin san keke ne?" na ce.

"Mista Lawal, shekara sha tara na yi a kan keke, a kamfani, a Reynosa. Amma ni..."

Ban ji sauran ba. Ina kan kujera ina sauko da leshi. Na ɗora mata shi a hannu, na ce alhamdulillahi sau uku, na fita da gudu don na makara. A hanya na kira Asma'u. Washegari bayan Juma'a a masallacin Regent's Park na shaida wa Alhaji Umar Faruq da duk wanda ya tsaya gaisawa cewa Allah ya kawo mana ƙwararriya daga Mexico, wadda ta yi wa Amurkawa ɗinki shekara sha tara. Kafin Asabar matan unguwa sun fara bugo waya suna taya Saudatu murna. Ban lura ba cewa abin da nake shelantawa shi ne an sami wadda za ta maye gurbinta. Ko "Malam" ɗin da take ɗan cewa ta daina.

Ran Litinin Ofelia ta tare ni a kicin, ta rufe ƙofa ta jingina da ita.

"Zauna, ka bar ni in gama. Ban taɓa ɗinka riga ba. Ko ɗaya."

"Ba ke kika ce shekara sha tara..."

"Kafaɗa nake ɗinkawa. Ta hagu."

"Ta daman fa?"

"Wata ce daban. A gefena take zama."

Reynosa, in ji ta, gari ne a bakin kogi, tsallaken kogin Amurka ce. Tana da shekara sha bakwai ta baro ƙauyensu can kudu ta zo, ita da 'yar gwaggonta, saboda an ce kamfanonin bakin iyaka mata suke nema, wai hannun mace ya fi laushi kuma bakinta ya fi shiru. Nasu kamfanin rigunan asibiti yake yi, irin waɗanda ake ɗaure wa majinyaci ta baya. Da safe manyan motoci ke tsallako gada da yadi yankakke, da yamma su koma da riguna. Mata arba'in a layi ɗaya, kowace da kekenta da ɗinkinta guda. Ƙunshi ya zo miki ta hagu, ki yi naki, ki tura dama. Fiye da dubu a rana.

"Rigunan kullum suna tsallake gada, ba mai tambayarsu takarda," ta ce. "Mu da muka ɗinka su, daga tagar bayi muke hango can ɗin."

Ƙarfe biyar na asuba motar kamfani ke ɗaukarsu a bakin titi. Ba wadda ke tsayawa ita kaɗai. In wata ta makara sai biyu su koma su taho da ita, don hanyar ba fitila kuma kowa ya san labarin waɗanda suka fita ba su dawo ba. Hutun cin abinci minti ashirin ne, rabinsa a layin bayi yake tafiya. Wadda ta zauna ta ci, ƙararrawa za ta same ta da loma a baki.

Na kalli kujerar da na sha ja mata, na ɗan tura ta ƙarƙashin tebur da ƙafa.

Ta nuna mini manyan yatsunta, sun karkace waje kamar kunnen tukunya. Da su ta yi wa 'yarta makaranta har ta zama nas. Ta ce ba ta taɓa ganin rigar a gama a jikin mutum ba sai a nan London, ranar da ta raka wata tsohuwa asibiti. Ta faki idon nas ta juya kafaɗar rigar tsohuwar ta duba. Ba tasu ba ce, ɗinkin bai kai nasu ba, amma duk da haka sai da ta shiga bayi ta wanke fuska.

"Akwai Chabela," ta ce, "ita ke karɓa daga hannuna, wuyan riga take yi. Duk layin ba mai tsabtar hannunta. Mijinta ya tsallake kogi neman aiki. Da fari yana bugo waya, daga baya shiru. Sai ta riƙa zuwa ta zauna, hannu a cinya, ƙunshi na taruwa a gabanta. Mai duba aiki ya gargaɗe ta sau biyu, na uku kora ce. Sai mu matan layin muka..."

"Kuka haɗu kuka yi mata aikinta," na ce. "Allah sarki. Mata akwai zumunci." Na duba agogo na miƙe.

Ta daɗe tana kallona, irin kallon da tela ke yi wa yadi kafin ya sa almakashi.

"Ran Lahadi kana aiki?"

"A'a."

"In na taso daga coci zan zo. Ni ban iya riga ba, kai ba ka iya ba, 'yarka ba ta iya ba. Amma layi na iya. Za mu yi layi."

Ran Lahadi ta zo da mai a 'yar kwalba. Ta sa muka jawo teburin cin abinci muka haɗa da keken. Asma'u ce a farko: ta warware wata rigar da uwar ta ɗinka mata da Sallar bara, tana shimfiɗa gutsattsarin a kan yadi tana zagayewa da alli tana yankawa. Ofelia ta ɗauki kafaɗa, har ta dama, ta ce ƙarin girma ta samu. Ni aka ba ni ɗinkin gefe.

"Dogo ne, miƙaƙƙe," ta ce. "Kamar titi. Kai direba ne."

Ta cire farin zare ta sa mini ja. Na tambayi dalili, ta ce don a gane hannun kowa. Ta murɗa wani maɓalli zuwa lamba mafi girma, ta ce wannan ta manyan ma'aikata ce. Ban yi mamaki ba, na daɗe ina zargin akwai baiwar da ba a gano ba a jikina.

Saura Saudatu. Ofelia ta je ta tsuguna gaban kujerarta.

"Comadre," ta ce, haka matan layinsu ke kiran juna, "ba ɗinki za ki yi ba. Kowane layi yana da mai karɓa a ƙarshe. Ki karɓa da hagu, ki ninke, shi ke nan. Doka ɗaya ce: a layinmu abu ba ya komawa baya. Abin da ya zo hannunki, ko ki wuce da shi, ko ki gyara."

Saudatu ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba. Muka ɗauki hakan a matsayin e, muka juyo da kujerar. Rabonta da fuskantar tagar nan wata uku.

Da shafin rigar muka fara, wato yadin ciki, leshin yana gefe. Asma'u ta yanka. Ofelia ta zauna, kafin in gyara tabarau ta gama kafaɗu biyu, ba ta ma kallon allurar, tagar take kallo. Sai ni. Na yi bismilla na taka. Keken ya zabura kamar an tsikare shi, na bi shi da yadin iyakar ƙoƙarina, muka isa ƙarshe tare lafiya. Na ɗaga na duba. Akwai 'yan kwane-kwane, amma wane titi ne babu? Na miƙa wa Saudatu da hannu biyu.

Ta shimfiɗa shi a cinya. Ta bi jan zaren da ido daga sama har ƙasa, ta sake dawowa. Ta ninke rabi, ta tsaya, ta warware. Bas ta wuce a titi, ɗaya daga cikin namu.

"Malam," ta ce.

"Na'am, Hajiya."

"Haka... kake tuƙa... mutane?"

Asma'u ta toshe baki ta ruga kicin, ban sani ba ko dariya ce ko kuka, ina jin duka biyun ne. Wannan ce jimla mafi tsawo da Saudatu ta yi tun Fabrairu, kuma a kaina ta ƙare.

"Kawo in sake," na ce.

"Ba ya komawa baya," in ji Ofelia, ko kallona ba ta yi ba.

Saudatu ta ja tsaki, tsaki cikakke wanda ciwo bai taɓa ba. Ta kama bakin zaren da hagu ta ja. Yadin ya biyo ta, don ba abin da ya danne shi. Ta sake ja, ya sake biyowa. Ba wanda ya motsa. Na yunƙura zan riƙe mata, Ofelia ta take mini ƙafa a ƙarƙashin tebur, da takalmin coci. Can sai Saudatu ta sa hagu ta ɗago hannun daman nan, ta ɗora shi a kan yadin kamar dutse. Ta ja. Zaren ya zaro tsaf tun daga sama har ƙasa.

"Fil," ta ce.

Aka ba ta fil. Ranar ba ta hau keke ba, amma ta kafe gefen da fil goma sha biyu, a jere kamar sojoji, ta sa Asma'u ta ɗinka tana tsawata mata da haɓa.

Lahadi ta biyu na inganta, kowa ya shaida. Ofelia ta ce hannuna ya faɗa. Na yi gefen zane, na yi kalmasar ƙasa, duk da jan zarena. Saudatu takan karɓa ta duba, ta rufe ido na ɗan lokaci kamar mai addu'a, ta ninke ta ajiye. Na ɗauka ta sallama. Har na fara ba Asma'u shawara kan riƙon almakashi.

A ranakun mako ni ina titi, ban san me ake yi a gidan da safe ba. Wata Laraba aka soke mini rabin aiki na dawo da wuri. Tun daga matakala na ji keken, ba irin gudun Ofelia ba, a hankali, taku uku a tsaya, taku uku a tsaya. Na tura ƙofa kaɗan. Saudatu ce a kai, da ƙafar hagu take takawa. Hannun damanta na kan leshin, yatsu a buɗe, hannun Ofelia mai karkatattun yatsu a samansa yana tura shi. Gumi ya jiƙa mata ɗankwali. Ofelia na rera wani abu da yarensu ƙasa-ƙasa, daidai da takun keken. Ta gaya mini daga baya cewa an hana su hira a layi, sai suka koma rerawa a maƙogwaro, mai duba aiki ba ya iya gane daga bakin wa take fitowa.

Na ja ƙofar na koma ƙasa, na zauna a tashar bas kamar fasinja har rabin awa. Wannan shi ne abu mafi hankali da na yi a duk shekarar, kuma ba wanda ya gani.

Ba kullum ake samun nasara ba. Akwai ranar da allura ta karye Saudatu ta share fil ɗin duka daga tebur, ta ce a saya wa Asma'u ta kanti a huta. Ofelia ta durƙusa ta tsince su ɗaya-ɗaya, ta ɗauko hannun riga ta miƙo mini da jan zare. Na ɗinka. Saudatu ta kalli abin da na yi, ta ce, "Innalillahi," ta ce a matso mata da kujera.

Mako biyu kafin biki aka yi gwaji. Asma'u ta fito daga ɗaki cikin leshin, ta juya. Wuyan ya ɗan karkata ta dama, kaɗan, sai wanda ya sani. Saudatu ta gani, ta buɗe baki, Asma'u ta riga ta, da Hausa kuwa, Hausarta mai santsi: "Mama, a bar shi. Haka nake so." Ni ina zagaye ta ina neman jan zarena.

"Ina nawa?"

"It's on the inside, Dad."

Hakan ya yi mini daidai. Babban aiki ai a ciki yake, kamar ginshiƙin gini.

An yi walima a wani zaure a Lewisham. Na tsaya a ƙofar ɓangaren maza ina karɓar gaisuwa, duk wanda ya yaba rigar amarya na sanar da shi cewa kusan kashi ɗaya cikin uku aikina ne. Alhaji Umar Faruq ya ce bai san ina da wannan ba. Na ce ni ma ban sani ba sai bana.

Ofelia ta zo cikin atamfar da matan suka ɗaura mata, ɗaurin ɗankwalin ya fi kanta girma. Da aka shigo da amarya na hango Ofelia ta kutsa cikin mata har ta isa gare ta. Ba ta rungume ta ba. Ta miƙa hannu ta shafa kafaɗar hagu, daga wuya zuwa hannu, sau biyu. Sannan ta ɗauki hoton kafaɗar kaɗai, ba fuska, ta tura Reynosa. Chabela na can har yanzu, a wuyan riga, sai dai da tabarau.

"Wannan ce ta farko da na gani a jikin mai lafiya," ta ce wa Saudatu.

Da aka kawo abinci ta ɗauki farantinta ta nufi bango. Saudatu ta kamo ta a wuyan hannu. Da dama ta kamo ta. Riƙon ba ƙarfi, ko yaro zai fizge, amma Ofelia ta tsaya tana kallon yatsun nan huɗu da suka zagaye ta, na biyar ɗin bai gama yarda ba tukuna.

"Zauna," in ji Saudatu. "Ba ƙararrawa."

Ta zauna. Ta ci waina da miyar taushe, ta ƙara, ta fi kowa daɗewa a teburin.

Cikin Agusta council ta rubuto cewa tunda an sami sauƙi za a mayar da Ofelia wani gida. Ranar zuwanta na ƙarshe na karɓi hutu. Na kuma yi wa kaina alkawari, albarkacin duk abin da ya faru, cewa daga yau zan riƙa jin magana har ƙarshe. Don in gwada sabon halin, muna zaune mu uku a falo, na ce ta ƙarasa mini labarin Chabela.

Ta kalli Saudatu. Saudatu ta kalli silin.

"Mun yi mata aikin, kamar yadda ka ce," in ji Ofelia. "Kwana biyu. Sai ta ƙara lalacewa. Ta ga layi na tafiya ba ita, me za ta tashi ta yi? Rana ta uku sai na fara tura mata kafaɗa a karkace. Da gangan. Ta farko ta kalla ta kau da kai. Ta biyu ma haka. Ta uku ta zage ni, ta zagi uwata, ta farke ta gyara ta sa wuya. Mako guda ina ɓata aiki tana gyarawa tana zagina. Ni aka rubuta wa gargaɗi. Ita ba a kore ta ba."

"Dabara," na ce. "Wato ke ma a nan da gangan kika riƙa ɓata..."

"A'a, Mista Lawal. Yatsuna ba za su yarda ba kuma, sun saba. A nan sai da na nemi wanda abin yake zo masa da kansa."

Sabon halin nawa bai yi minti biyar ba na fara kewar tsohon.

"Amma ai na inganta," na ce. "Ke da bakinki kika faɗa. Kalmasar ƙasa fa? Hannun riga fa?"

"Malam," in ji Saudatu, "ɗauko gwangwanin can. Ƙarƙashin keke."

Gwangwanin madara ne, babba. Na ɗauko na kawo mata. Ta riƙe shi da hagu, ta sa babban yatsan dama a bakin murfin, ta yi ta fama. Ba wanda ya taimaka mata, ni ma na zauna a kan hannuwana. Murfin ya buɗe. Ta miƙo mini, tana murmushi da ɓarin bakin da ya dawo da wanda bai gama dawowa ba.

Cike yake da jan zare, dogaye da gajeru, kowane ta naɗe shi a yatsa ta ajiye. A jikin rigar Asma'u babu ɗinkina ko ɗaya.